Zagayen Soho da Hausa: inda aiki ya kwana

Asabar 6 ga Satumba 2025

To bismillah. Zan riƙa rubuta yadda abin nan ke tafiya saboda na san halina, in ban rubuta ba nan da wata guda sai in ce ai ban taɓa cewa zan yi ba. Abin da nake so in haɗa zagaye ne na ƙafa a unguwar Soho da ke tsakiyar Landan, awa biyu ko ƙasa da haka, in riƙa kai mutanenmu ƙofa ƙofa ina ba su labarin kiɗan rok da Hausa. Eh rok ɗin dai, kiɗan jita mai hayaniyar nan da Hajiyarmu ke ce wa kiɗan aljanu.

Shekara huɗu kenan ina aikin gadi na dare a wani ofis kusa da Oxford Street, in na tashi da sassafe ta cikin Soho nake ratsawa in je tasha, a nan na fara lura da allunan nan masu zagaye da suke maƙalawa a bango, wane ya yi kiɗa a nan, wane ya zauna a can. Shi kuma baƙo in ya zo daga gida wuri uku muke kai shi, fadar Buckingham, agogon Big Ben, sai shagunan kaya, shikenan wai ya ga Landan.

Yau na biya kuɗi na bi wani zagaye na Turawa don in ga yadda suke yi. Ɗan jagoran ya san aikinsa ba laifi, amma sunaye kawai yake zubawa mutane na gyaɗa kai, wata tsohuwa har da ƙwalla, don su sun tashi da waƙoƙin tun suna yara. Ni mutanena in na ce musu The Who cewa za su yi wa? Wannan salon ba zai yi min ba.

Lahadi 14 ga Satumba

Na fara da Denmark Street, tunda kana fitowa daga tashar Tottenham Court Road ga ta nan. Layi ne ɗan ƙarami, mita ɗari da 'yan kai, kafin ka gama gaisawa a waya ka kai ƙarshensa, amma abin da ke cikinsa ya isa rabin zagayen in ban yi hankali ba. Tun kafin rok nan ne kasuwar waƙa, ofisoshin masu sayen waƙa daga marubuta su buga ta a takarda su sayar. Jaridar Melody Maker a lamba 19 ta fara a 1926, jaridar NME a lamba 5 a 1952. Elton John yana matashi yaron aike ne a wani ofishin waƙa a lamba 20, shayi yake kaiwa. Wannan zan riƙe shi don duk wanda ya taɓa zama yaron shago zai ji shi a jikinsa.

Lamba 4 ita ce ta fi tsaya min. Yanzu shagon saida jita ne, amma da situdiyo ce, Regent Sound, a nan Rolling Stones suka ɗauki faifansu na farko da ya fito a 1964, ɗaki ƙarami an manna kiret ɗin ƙwai a bango don kar sauti ya riƙa dawowa. Wallahi da na karanta wannan dariya na yi ni kaɗai a bas, don na shiga situdiyo a Kano da idona na ga kiret ɗin ƙwai a bango sak haka. Kuma yawancin waƙoƙin faifan ba nasu ba ne, na baƙaƙen Amurka ne irin su Chuck Berry da Bo Diddley da Jimmy Reed, sunan ƙungiyar ma daga waƙar Muddy Waters suka ɗauko shi. Yara farare 'yan Ingila suna sayen faifan baƙaƙe suna kwaikwayo har suka fi masu abin kuɗi, daga nan ya kamata labarin ya tashi ina ga.

Lamba 6 kuma Sex Pistols ne suka zauna a wani ɗaki ta baya a 1975, mawaƙinsu ya yi ta zane-zanen shirme a bango, a 2016 hukuma ta ɗaga darajar ginin cikin waɗanda doka ta hana a taɓa. Sunan ƙungiyar ne matsala, ban san yadda zan furta shi a gaban manya ba tukuna.

Laraba 17 ga Satumba

Na bi hanyar gaba ɗaya da agogon waya, ina tsayawa ina magana ƙasa-ƙasa kamar mai taɓin hankali. Awa uku saura minti goma. Ya yi yawa, ƙafata ma ni mai tsayuwar dare ta gaya min. Wurare goma sha shida na rubuta, dole su dawo goma.

Asabar 27 ga Satumba

Gwaji na farko da mutane: ƙanwata da ke karatu a nan, da abokaina biyu na wurin aiki, ɗaya ɗan Katsina ɗaya ɗan zangon Kumasi. Ban ji daɗi ba gaskiya. Abin da na zargi Baturen nan da shi, shi na yi, na tsaya a gaban lamba 90 Wardour Street ina ta zuba cewa nan ne kulob ɗin Marquee daga 1964 zuwa 1988, kafin nan yana Oxford Street inda Stones suka yi wasansu na farko ranar 12 ga Yuli 1962, The Who sun riƙe daren Talata, Led Zeppelin, Bowie, kaza kaza, na ɗago kai sai na ga ɗan Katsina yana duba sakamakon ƙwallo. Ƙanwata ta ce Yaya to ina wurin yake? Na ce ai nan ne. Ta ce ƙofar gidan mutane fa kake nuna mana. Kuma gaskiyarta, ba abin da ya rage sai allo a bango mai sunan Keith Moon, mai gangar The Who.

Matsalar aikin kenan gaba ɗaya, kusan duk wuraren sun zama gidan abinci ko ofis ko an rushe, gidan wasan Astoria ma da ke bakin tasha an rushe ta a 2009 saboda aikin sabon layin jirgi. Ƙofofi nake nuna wa mutane.

Wuri ɗaya ne ya yi rai, lamba 59 Old Compton Street, inda gidan kofi na 2i's yake daga 1956 zuwa 1970, yanzu kifi da dankali ake soyawa a wurin. A ɗakin ƙarƙashin ƙasa na gidan ne aka gano mawaƙi Tommy Steele, Cliff Richard ma ya yi waƙa a ciki, shi ya sa allon bangon ke cewa nan rok na Birtaniya ya faro. Na ajiye takardata na ce musu ku ji, yaran lokacin ba su da kuɗin kayan kiɗa, bayan yaƙi ne ana talauci, sai su ɗauki allon wanki na ƙarfe su riƙa karta shi, su samu akwatin ganyen shayi su kafa masa sandar tsintsiya da igiya ɗaya ya zama babbar jita, sunan kiɗan skiffle. Ɗan Katsina ya sa wayarsa a aljihu ya ce kai, kuntigin Ɗan Maraya kenan, gwangwani da fata da tsirkiya ɗaya. Daga nan hira ta ɓarke, minti goma sha biyar muna tsaye a wurin ba wanda ya ce ya gaji.

Na dawo gida na yage shafi uku.

Alhamis 2 ga Oktoba

Kwana huɗu ina tono, yau kam na samu abin da nake nema, haushi ma nake ji da Baturen da na biya bai ko ambace su ba.

A Berwick Street, layin kasuwar nan da nake sayen ayaba in na tashi aiki, akwai wani kulob a shekarun 1950 mai suna Abalabi na wani ɗan Najeriya, kuma mai kiɗan gidan Ambrose Campbell ne, haifaffen Legas, shugaban West African Rhythm Brothers. Mutumin nan ranar da aka gama yaƙi a Turai a 1945 shi da mutanensa suka fito da ganguna tsakiyar Landan jama'a suka bi su. Makaɗan jaz na Ingila suna sauka ɗakin suna saurare suna koyo, cikinsu har da mai ganga Phil Seamen, shi kuma Seamen shi ne ya zaunar da wani yaro mai jan gashi ya kunna masa faifan gangunan Afirka. Yaron shi ne Ginger Baker na ƙungiyar Cream, wanda daga baya a 1971 ya tsallaka Sahara da mota ya zo Najeriya, ya yi faifai da Fela, ya buɗe situdiyo a Ikeja. Ka ga zare ɗaya tun daga ɗakin ƙasa a Berwick Street har Legas.

Sai kulob ɗin Flamingo, lamba 33 zuwa 37 a Wardour Street ta ɓangaren kudu, inda ake kwana ana kiɗa a ƙarshen mako, sojojin Amurka baƙaƙe da 'yan Jamaika su ne 'yan gida. Georgie Fame ke riƙe da dandalin kuma mai buga masa konga Speedy Acquaye ne, ɗan Accra. Na tura wa abokina ɗan Kumasi saƙo da ƙarfe uku na dare, ya amsa da safe wai dama ya san ba a yin abin kirki a duniya ba ɗan Gana a ciki. Na bar shi da wannan.

Har Soho Square ma ta samu shiga, ofishin Paul McCartney na ƙungiyar Beatles na lamba 1, shi ma a Legas ya ɗauki yawancin wani faifansa a 1973, a situdiyon EMI da ke Apapa.

Sabon tsari: ba zan bi shekara shekara ba. Tambaya ɗaya zan riƙe tun daga tasha, kiɗan nan daga ina ya zo, wa ya ci kuɗinsa. Duk ƙofar da ba ta amsa wannan ba ta fita.

Asabar 11 ga Oktoba

Ruwa tun asuba. Mutum biyar suka ce za su zo, ɗaya ya zo, muka sha shayi muka watse. Na dai sayi lema biyu na ajiye a loka ta wurin aiki.

Lahadi 19 ga Oktoba

Kawu ya zo ganin likita, sati biyu zai yi, jiya da daddare ya ji ina gwada maganata a kicin ya ce gobe da shi za a. Gabana ya faɗi. Mutum ne ɗan shekara saba'in da wani abu, tsohon ɗan kasuwar Kantin Kwari, ga Soho kuma kowa ya san Soho, mashaya a kowace kusurwa da wasu shagunan da ba a tsayawa da babba a gabansu. Na kwana ina zana hanya a kaina ta inda za mu kauce wa ƙasan Berwick Street da wasu lunguna.

Ashe ni ne ban san Kawu ba. Muna isa Denmark Street na fara kame-kame a lamba 6 ina cewa wasu yara ne marasa kunya, ya ce kai ɗan nan faɗi sunansu mana, ka ɗauka jiya aka haife ni? Wai a shekarun 1970 yana da wando fantalo da rediyo mai cin faifai, kuma ya san James Brown ya san Jimi Hendrix, a Sabon Gari ake sayo su. Ban taɓa jin wannan a gidanmu ba, ko da wasa.

Inda ya fi ba ni mamaki St Anne's Court ne, wani lungu siriri tsakanin Wardour da Dean Street da mota ba ta shiga. Lamba 17 nan Trident Studios take, akwai allon David Bowie a jiki. Na yi masa bayanin cewa a 1968 Beatles sun baro situdiyonsu na Abbey Road sun zo nan sun ɗauki Hey Jude saboda na'urar can layi huɗu take ɗauka ta nan kuma takwas, wato kana iya ɗaukar ganga daban, jita daban, murya daban har kashi takwas sannan ka haɗa, in ɗaya ya ɓaci shi kaɗai za ka sake. Queen ma a nan suka yi faifansu na farko, kuma sai lokacin da manya ba sa amfani da ɗakin ake ba su, yawanci tsakar dare. Kawu bai tambayi waƙa ko ɗaya ba. Cewa ya yi, mai ɗakin nawa yake karɓa a awa, kuma yaran da ake ba wa dare wa ke riƙe da takardarsu? Na ce ai masu situdiyon ne manajojinsu a lokacin, kuma daga baya rigimar kuɗi ta raba su a 1975. Ya yi dariya ya ce to ai shi ne, wanda ya ba ka rumfa kyauta shi zai faɗi farashin kayanka. Na rubuta wannan a waya a gabansa, ya ce in na samu kuɗi da shi yana da kashi.

Mun yi la'asar a ƙaramin masallacin Berwick Street, ta sama muka shigo layin. Daga nan ƙafarsa ta fara ciwo amma ya ce sai ya ga na ƙarshen, muka tsallaka Regent Street a hankali zuwa Savile Row. Wannan ba Soho ba ce, Mayfair ce, layin teloli masu ɗinka kwat na masu kuɗi, amma ba yadda zan yi in bar ta. Lamba 3 ofishin Beatles ne, ranar 30 ga Janairu 1969 da rana tsaka cikin sanyi suka hau saman rufin suka kunna sifiku ba sanarwa, minti 42 suna kiɗa, mutane suka cika titi suna ɗaga kai ba sa ma ganinsu, maƙwabta suka kai ƙara 'yan sanda suka hau suka ce a rage. Wasansu na ƙarshe kenan a bainar jama'a. Kuma akwai mutum na biyar a rufin, Billy Preston, baƙin Ba'amurke mai piyano, wanda sau da yawa in ana ba da labarin sai a tsallake shi. Kawu ya daɗe yana kallon sama sannan ya ce shi fa telolin yake tausayi, mutum na auna wuyan kwastoma a saukar masa da wannan bala'i a ka.

Tasi muka hau zuwa gida, kuɗin ya fi abin da nake tunanin zan caji mutum uku.

Litinin 27 ga Oktoba

Jiya aka mayar da agogo baya da awa ɗaya, magariba ta dawo wajen biyar saura kwata kuma kullum ƙara matsowa take. Tsarina na farawa ƙarfe biyu ya mutu. Sabon lokaci sha biyu da rabi bayan azahar, mu iso Berwick Street daidai la'asar, mu gama kafin duhu.

Na cire 100 Club duk da ina sonta, ita kaɗai ce a jerin da har yanzu ake kiɗa a ɗakin da aka fara tun 1942, amma tana can Oxford Street cikin cunkoso ba wurin tsayuwar mutum goma. Na cire Heddon Street inda Bowie ya ɗauki hoton bangon faifansa na 1972, labari ne na wanda ya riga ya san hoton. Gerrard Street ma ta fita. Saura tara. Sunan abin kuma har yanzu babu, ƙanwata ta ce in sa Yawon Aljanu don Hajiya ta ji daɗi.

Asabar 8 ga Nuwamba

Gwaji na biyu na sosai, mutum tara, har da wasu da ban sani ba da suka gani a guruf ɗin WhatsApp na 'yan unguwa. Awa biyu da minti goma da sallah a ciki. Ban riƙe takarda ba sai sau ɗaya da shekarar Flamingo ta kuɓuce min.

Cikin baƙin akwai wani bawan Allah ɗan Agadas da ke aiki a wani gidan abinci, shiru-shiru, tun daga tasha bai ce uffan ba har muka zo lamba 47 Frith Street, kulob ɗin Ronnie Scott, shi wannan kulob yana nan da ransa ana jaz kowane dare. Na ce a nan Jimi Hendrix ya hau dandali na ƙarshe a rayuwarsa, daren 16 ga Satumba 1970, ba ma wasansa ba ne, Eric Burdon da ƙungiyar War ke yi ya hau ya taya su, ranar 18 ya rasu yana da shekara 27. Na ƙara da cewa a Amurka jita yake kaɗa wa wasu yana bin bayansu, sai da aka kawo shi Landan a 1966 sannan duniya ta san shi. Sai mutumin nan ya buɗe baki. Ya ce a garinsu ba bikin da ake yi ba jita, yara na tasowa da sunan Hendrix a baki, Bombino, makaɗin jita na garinsu, ma bidiyonsa ya riƙa kallo yana koyo lokacin da suke gudun hijira, ya ce kuma ka lura Mdou Moctar, wani makaɗin jita na ƙasarsu, bahago ne kamar Hendrix. Ya ciro waya ya kunna mana wani bikin aure da aka ɗauka a Agadas, jita na kuka ƙura na tashi, mu tara mun kewaye waya a bakin titi Turawa na ratsa mu suna leƙe. Na bar shi ya yi ta magana, minti goman da suka ƙaru nasa ne. Na roƙe shi ya riƙa zuwa yana karɓar wannan tashar, ya ce sai ranar da ba shi da aiki.

Abin da bai yi ba: a Kingly Street, gaban inda kulob ɗin Bag O'Nails yake a da, na ba da labarin haɗuwar McCartney da Linda, wadda ya aura daga baya, a 1967, ba wanda ya damu, wata Anti ta ce to Allah ya sa an yi sadaki. Zai fita, ko in mayar da shi kan Hendrix tunda shi ma ya yi wasa a wurin a 1966. Muryata kuma ba ta kai wa na baya in bas na wucewa, mutum biyu sun yi ƙorafi, zan duba 'yar sifikar nan ta rataya a ƙugu duk da ina jin kunyar in yi kama da mai tallan maganin gargajiya.

Maganar kuɗi ban yanke ba. Mutum uku sun miƙo min na ƙi karɓa, Antin nan ta cusa min fam goma a aljihun kwat ta ce ba a yi wa ɗan mutane haka. Kawu ya kira daga Kano da daddare yana tambayar kashinsa.

Na gaba 22 ga wata in Allah ya kai mu, in ba ruwa. Kafin nan sai na gano lambar gidan da Abalabi yake a Berwick Street, don yau a tsakiyar layi na tsaya na nuna hagu da dama, kuma ɗan Kumasi ya lura.